Gonar da Ba Ta Nutsewa

Shekarar da kogi ya haɗiye gonarmu
ina ɗan shekara tara.
Cikin dare ya zo, babu sallama,
ya tsallake madatsar da mazan ƙauye suka yi wata biyu suna daɓewa,
ya shiga ɗaki ya ɗauki tukunyar shinkafa,
ya ɗauki fitila da takalmin babana.
Sai da gari ya waye muka gane har da babana.

Motaleb sunansa. Ya koma ne ya kwance akuya.
Akuyar ta dawo.

Kwana goma sha ɗaya muka yi a rufin makarantar Nazirpur,
mu da kaji da tsofaffi masu tari.
Mata suna kuka. Innata Morjina ban ga nata ba,
in ma ta yi, to ruwan sama ya rufa mata asiri.
Takan dubi inda rana ke faɗuwa ta daidaita alƙibla,
ta sunkuya ta yi alwala da ruwan nan.
Na ce, Inna, da wanda ya ci Baba?
Ta ce, Tuhin, ruwa bawa ne,
aiko shi aka yi.

Wata uku, ruwa ya ƙi janyewa.
Inda muke dasa shinkafa kifi ke wasa.
Mai bin mu bashi ya zo a kwalekwale da littafinsa cikin leda,
don kada lambobi su jiƙe.
Kawuna ya ce ta tafi Dhaka ɗinkin riguna,
ta bar ni a gidansa.
Ta gode masa. Ta ari gorarsa mai tsawo.

Kainuwa ta rufe ko'ina a lokacin,
masu tuƙi suna tsine mata don tana toshe hanya.
Ita Inna ta tuna wani aikin kakarta.
Ta shiga ruwa har ƙirji tana janyo ta da gora,
ta jibga, ta tattake, ta ƙara jibgawa,
kamu ashirin a tsawo,
ta bar ta ta ruɓe.
Da magariba nake cire mata matsattsaku a ƙwauri
da ɗan gishirin da ya kamata mu sa a miya.

Kunyar farko iska ta kwashe ta zuwa wani gari.
Ta biyu agwagin Rokon suka cinye tsiron ƙaf,
ta zauna bakin ruwa har isha ba ta ce uffan ba.
Daren nan na ji tana magana ƙasa-ƙasa,
kamar mai ciniki da wanda ta saba da shi:
Ka karɓi ƙasa, na ji.
Ka karɓi miji, ban ce komai ba.
Ruwan ma naka ne, Ya Razzaƙu,
ara mini bayansa.

Ta uku ta ɗaure da igiya a jikin turke.
Ta dunƙula iri cikin laka kamar ƙwan kaza,
ta jera su ɗaya bayan ɗaya.
Alayyafo ne ya fara leƙowa,
sai kuɓewa, sai barkono,
sai duma da ya yi nauyi har kunyar ta karkata.
Ranar da ta sayar da kwandon farko a kasuwar kan ruwa
ta saya mini fensir,
ta saya wa kanta man shafawa don tsagar hannu.
A shekara ta huɗu aka soke sunanmu daga littafin nan.

Yau gashinta ya yi fari, gwiwa ta ƙi ruwan sanyi.
Kogi bai tuba ba, kowace damina yana dawowa,
sai dai in ya hau, gonarmu ta hau tare da shi.
Jikokin akuyar nan suna kwana a kan dakali.

Jiya da dare hadari ya haɗo daga kudu.
Tana kan dardumarta, carbi a hannu,
ba ta ko juyo ba ta ce,
Tuhin, ɗauki tocila ka duba igiyar.
Addu'a na yi,
amma ƙullin naka ne.